BABI NA UKU: HARAFIN ƊA MAI HANNU A RUBUTUN AJAMIN HAUSA: ASALINSA, SAUTUKANSA DA AYYUKANSA

3.0 Gabatarwa

A babin da ya gabata an yi bayanin yadda karatun Larabci ya kafu a birnin Katsina. A wannan babi kuwa za a taƙaita nazari ne a kan harafi guda ɗaya tak daga cikin haruffan da Hausawa suka aro daga Larabci, wato harafin (ط), wanda almajiran makarantar allo ke kira ɗa mai hannu. Dalilin zaɓen wannan harafi shi ne, yana daga cikin haruffan da suka fi ɗaukar kaya a rubutun ajami, domin yana wakiltar sauti fiye da ɗaya, sannan yana da wasu ayyuka waɗanda ba na sauti ba. Za a fara da misalin wani tsohon rubutu da ya gamu da irin wannan matsala, sannan a dubi asalin harafin, da zuwansa Katsina, da sautukansa, da sauran ayyukansa. Manufar ita ce a nuna cewa mai juya tsohon rubutun ajami zuwa boko ba zai tsira daga kuskure ba sai ya fara gane al'adar marubucin game da wannan harafi.

3.1 Aron Rubutu a Tarihi: Misalin Akadawa

Abu ne sananne a tarihi cewa al'umma takan ari rubutun wata al'umma, alhali sautukan harsunansu ba su yi daidai ba. Tsohon misali shi ne na ƙasar da ke tsakanin kogin Dijla da na Furatu, wato Iraƙi ta yau. A can ne Sumeriyawa suka fara rubutu a kan allunan yumɓu wajen shekara ta 3200 kafin haihuwar Annabi Isa (A.S.). Suna danna bakin kara ne a kan ɗanyen yumɓu, sai ya bar alama mai siffar ƙusa, shi ya sa ake kiransa rubutun ƙusa. Daga baya Akadawa suka ari wannan rubutu. Harshensu ɗan'uwan Larabci ne, alhali harshen Sumeriyawa ba shi da dangantaka da su.

Wannan aro ya haifar da abubuwa biyu. Na farko, alama guda ta koma tana da karatu iri-iri. Alal misali, alamar da asalinta zanen tauraro ce, ana karanta ta a matsayin gaɓar "an", ana karanta ta da ma'anar sama, ana karanta ta da ma'anar abin bauta, wani lokaci kuma ana ajiye ta gaban sunan gunki ba tare da an furta ta ba. Na biyu, Akadanci yana da kakkauran sautin "t" irin na (ط) ta Larabci, wanda rubutun Sumeriyawa bai tanadar wa gurbi ba. Saboda haka sai marubuta suka riƙa rubuta shi da alamomin "da" da "di" da "tu", mai karatu ne zai gane abin da ake nufi daga ma'anar zance. Wannan ya sa har kalmar da ke nufin allon rubutu a Akadanci, wasu masana na karanta ta da kakkauran "t", wasu kuma da sassauƙa.

Lokacin da Rawlinson da Hincks suka bayyana cewa alama ɗaya tana iya ɗaukar sauti da yawa, mutane da dama sun yi shakka. Sai a shekarar 1857, da aka ba masana huɗu rubutu ɗaya kowa ya fassara shi kaɗai, aka ga fassarorinsu sun yi kusa da juna, sannan hankali ya kwanta. Abin lura a nan shi ne, Akadawa sun rubuta kakkauran "t" da alamar "d", Hausawa kuwa sun ɗauki harafin kakkauran "t" sun rubuta ɗ da shi. Matsala ɗaya ce, kowa ya bi ta inda ya sami ƙofa.

3.2 Asalin Harafin da Matsayinsa a Larabci

Harafin (ط) ya girmi rubutun Larabci kansa. Yana cikin haruffa 22 na mutanen Finiƙiya, inda ya zo na tara a jeri. Daga wurinsu ya shiga rubutun Ibrananci da na Aramiyanci, Girkawa kuma suka are shi suka kira shi "tita". Rubutun Larabci ya tsiro ne daga reshen Aramiyanci na Nabaɗawa, ta nan ne harafin ya iso ga Larabawa. Matsayinsa na tara bai canza ba a jerin abajada na Larabci, kuma shi ne asalin ƙimarsa ta lissafi da za a yi magana a kanta nan gaba.

Malaman tajwidi suna cewa mafitar wannan harafi ita ce tsinin harshe tare da tushen haƙoran gaba na sama, mafita ɗaya da ta (ت) da (د). Abin da ya bambanta shi da su shi ne siffar iɗbaƙi, wato ɗaga bayan harshe zuwa ganɗa har sautin ya yi kauri. Akwai wani bayani mai muhimmanci ga wannan nazari. Sibawaihi, babban malamin nahawun Larabci na ƙarni na 8, ya lissafa (ط) cikin haruffan jaharu, ya kuma nuna cewa da za a cire mata iɗbaƙi, da ta koma (د). Ke nan a bayanin magabata ta fi kusa da "d" a kan "t". Saboda haka furucin ɗ da malaman ƙasar Hausa ke yi mata yana da madogara a littattafan da suka karanta.

3.3 Gobarau da Zuwan Harafin Katsina

Tarihin baka yana danganta ginin masallacin Gobarau da zamanin Muhammadu Korau, wanda ake ɗauka shi ne sarkin Katsina Musulmi na farko, a ƙarni na 15. Hasumiyar da ta rage a yau tsawonta ya kai kimanin mita 15. A ƙarshen wannan ƙarni ne Shehu Magili ya ziyarci Katsina da Kano, sannan a farkon ƙarni na 16 Muhammadu bn Ahmad Attazakti, wanda Katsinawa ke kira Ɗan Takum, ya riƙe alƙalancin birnin. A ƙarni na 17 aka sami Wali Ɗan Marina da Wali Ɗan Masani (1595-1667). Masallacin ya ci gaba da zama na Juma'a har zuwa bayan jihadi, zamanin Ummarun Dallaje.

Rubutun da ya kafu a makarantun Katsina shi ne na Magrib, tare da ƙira'ar Warshu. A matakin babbaƙu ana koya wa yaro haruffa da sunayen Hausa masu bayyana siffarsu, kamar ba guje da jim ƙarami da ha kuri da kaf lasan. Sandar da ke tsaye a kan (ط) ita aka kamanta da hannu, aka ce ɗa mai hannu. Wannan suna hujja ne a kan kansa, domin ya nuna cewa tun a kan allo yaro yake haɗa harafin da sautin ɗ na harshensa, kafin ya san kalmar Larabci ko ɗaya.

Masana sun yi saɓani game da lokacin da aka fara rubuta Hausa da waɗannan haruffa. Hiskett (1975) yana ganin rubutacciyar waƙar Hausa ta kafu ne a ƙarshen ƙarni na 18, a hannun Shehu Usmanu Ɗanfodiyo (1754-1817) da jama'arsa. Wasu kuwa suna mayar da abin ƙarni na 17, suna kafa hujja da waƙoƙin da ake danganta wa Ɗan Masani na Katsina da Abdullahi Suka na Kano. Ko wane ra'ayi aka ɗauka, akwai abin da ya riga waƙa, wato sunayen mutane da na garuruwa, waɗanda dole malami ya rubuta su cikin Larabcinsa.

Sunan Katsina kansa misali ne. Da yake Larabci ba shi da ts, malamai sun saba rubuta nasabarsu da shin, su ce Alkashnawi. A karin harshen Katsina da na Sakkwato, ts takan koma "tc" idan wasalin i ko e ya biyo ta, kamar a dutce da tciya, kuma mai yiwuwa ne wannan furuci ya taimaka wajen zaɓen shin. Haka kuma laƙabin waliyyan nan uku duk da ɗ ya fara. A rubutun Larabci an kauce wa wannan sauti ta hanyar fassara, inda Ɗan Marina ya zama Ibnus Sabbagi. Amma da aka zo rubuta Hausa tsantsa, babu sauran hanyar kaucewa.

3.4 Sautukan Harafin

3.4.1 A Kalmomin Aro

Hausa tana da baƙaƙe biyu 'yan hanƙa waɗanda maƙwallato ke da hannu wajen furta su. Akwai ɗ, wanda haɗiyau ne mai ziza, akwai kuma ts, wanda tunkuɗau ne marar ziza. Da kunnen Bahaushe ya ji kaurin (ط), sai ya nemi mafi kusa da ita a harshensa, kamar yadda ya mayar da (ق) ta zama ƙ. Sai dai a nan 'yan takara biyu ne, kuma kowannensu ya sami rabo. Mafi yawan kalmomin ilmi da ibada sun zo da ɗ, kamar haka:

ɗalibi, ɗahara, ɗa'a, ɗabi'a, ɗariƙa, ɗawafi, sharaɗi, siraɗi, baɗini

Akwai kuma kalmomin da suka zo da fuska biyu:

haɗari / hatsari
huɗuba / hutsuba
Shaiɗan / Shaitsan
Faɗimatu / Fatsima
Ɗalha / Tsalha
ɗibbu / tsibbu

Misali na ƙarshe ya fi jan hankali, domin kalmar Larabci ɗaya ce ta rabu gida biyu har a ma'ana. Ɗibbu ya tsaya a kan ilmin magani na littafi, tsibbu kuwa ya koma aikin malaman da ke ba da taimako ta hanyar rubutu da laya da hatimi. Greenberg (1947) ya nuna cewa kalmomin Larabci sun shigo Hausa ne a zamuna daban-daban, kuma ta hanyoyi daban-daban, wasu ta bakin fatake, wasu ta littattafan malamai. Irin waɗannan tagwayen kalmomi suna ƙarfafa wannan ra'ayi.

Fuska ta uku ita ce t, wadda ake ji a sunaye irin su Mustafa da Fatima da Tahir. Yaɗuwar boko, da cuɗanya da Larabawan gabas ta hanyar aikin hajji da karatu, sun ƙara mata ƙarfi. Ke nan suna ɗaya yana iya fitowa da fuska uku a unguwa ɗaya, wato Faɗimatu da Fatsima da Fatima, alhali a allo harafi ɗaya ne.

3.4.2 A Kalmomin Hausa na Asali

Da yake babu wata hukuma da ta daidaita ƙa'idojin ajami, kowane marubuci yakan bi abin da ya gada daga malaminsa. Ana iya kasa al'adun marubuta gida uku:

(a) Masu rubuta ɗ da (ط), su bar (د) ga d kaɗai. Waɗannan sai su nemar wa ts wata dabara.

(b) Masu rubuta ts da (ط), su haɗa d da ɗ a kan (د).

(c) Masu ɗora wa (ط) sautukan biyu gaba ɗaya, wato ɗ da ts.

Kowace hanya tana da inda take rikitar da mai karatu. A hanya ta biyu, fada da faɗa rubutunsu ɗaya ne, haka ma kada da kaɗa, da hadari da haɗari. A hanya ta uku kuwa waɗannan kalmomi ne ke haɗuwa:

ɗiya / tsiya
ɗaki / tsaki
ɗauri / tsauri
ɗari / tsari

A nan baƙaƙe da wasula duk sun zo ɗaya, ajami kuma ba ya nuna karin sauti. Misalin farko ya shafi Katsina kai tsaye, domin ɗiya ita ce kalmar da Bakatsine ke amfani da ita a inda Bakano zai ce 'ya. Idan aka sami wasiƙa mai cewa ɗiya ta shigo gidan wane, mai karatun da bai lura ba yana iya mayar da albishir ya zama jaje.

Domin maganin wannan ne marubuta suka ƙirƙiro sabon harafi, suka ɗora ɗigo uku a kan ɗa mai hannu (ڟ), suka keɓe shi ga ts. Wannan dabara ta yi daidai da yadda Farisawa suka ƙara ɗige-ɗige a kan haruffan Larabci don sautukan p da c na harshensu. Sai dai samuwar sabon harafin ba ta kawar da tsofaffin al'adu ba, ana iya samun su duka a kwafe-kwafen waƙa ɗaya da suka fito daga hannuwa daban-daban.

3.5 Ayyukan Harafin da Ba na Sauti Ba

Kamar alamar tauraro ta Akadawa, ɗa mai hannu yana da wuraren da ake rubuta shi ba don ya wakilci sautin wata kalma ba.

Na farko shi ne lissafi. A tsarin abajada ƙimarsa 9 ce. Tsarin Magrib da na gabas sun saɓa a kan haruffa shida, alal misali shin 1000 ce a Magrib, 300 a gabas, amma sun haɗu a kan ƙimar (ط). Marubuta waƙoƙi suna amfani da wannan wajen ramzi, wato ɓoye shekarar da aka yi waƙa cikin kalma guda. Idan ana so a nuna shekarar 1219 Hijira, wadda a cikinta aka yi yaƙin Tabkin Kwatto (1804), za a haɗa shin (1000) da ra (200) da ya (10) da ɗa mai hannu (9). Idan mai kwafe ya sauya harafin ƙarshe da (د), mai ƙimar 4, shekarar ta koma 1214. Idan ya sauya shi da (ت), mai ƙimar 400, ta koma 1610, shekarar da ba a kai ba tukuna. Idan kuma ɗigon tawada ya faɗa a kansa ya zama zadi (ظ), to 9 ta zama 800 a lissafin Magrib. Wannan ya nuna cewa sakaci da harafi ɗaya yana iya gurɓata tarihin waƙa.

Na biyu shi ne hatimi. A hatimi mai gida tara, ana jera lambobi daga 1 zuwa 9 ta yadda kowane layi zai ba da 15. A shahararren jerinsa, layin sama 2 da 9 da 4 ne, na tsakiya 7 da 5 da 3, na ƙasa 6 da 1 da 8, wato ɗa mai hannu ne ke zaune a tsakiyar layin sama. Katsina tana da suna a wannan fage ta dalilin Muhammadu bn Muhammadu Alfulani Alkashnawi, wanda ya yi rubutu a 1732 a kan hanyoyin tsara hatimai masu gidaje mara, ya kuma rasu a Alƙahira a 1741 a gidan Hasan Aljabarti, mahaifin shahararren marubucin tarihin Masar.

Na uku, harafin yana cikin haruffan da ake buɗe wasu surorin Alƙur'ani da su, inda ake karanta shi da sunansa. Surorin su ne Ɗaha da Shu'ara'i da Namli da Ƙasasi. Na huɗu, a littattafan da aka kwafa bisa al'adar Magrib ana ajiye shi shi kaɗai a gefen shafi, a matsayin taƙaitawar kalmar ɗurra, don a nuna cewa abin da ke wurin ƙarin bayani ne, ba ya cikin matanin mawallafi.

3.6 Harafin a Zamanin Boko

Turawan da suka fara rubuta Hausa da haruffan Rumawa ba su tsira daga wannan matsala ba. Schön, wanda ya buga Magana Hausa a 1885, bai bambanta d da ɗ ba. Ke nan malamin da ke rubuta ɗ da (ط) ya riga bokon farko gane cewa waɗannan ƙwayoyin sauti biyu ne. Bayan da Turawa suka karɓi Katsina a 1903, sun fifita boko a ofis da makaranta. Hanns Vischer, wato Ɗan Hausa, ya fitar da ƙa'idojin rubutu a 1912, aka yi ta gwada ɗigo da waƙafi don nuna waɗannan sautuka, har zuwa shekarun 1930 da aka amince da baƙaƙe masu ƙugiya, waɗanda jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ta yaɗa tun daga 1939. Ita kuwa ts sai aka bar ta da haruffa biyu.

Duk da haka ɗa mai hannu bai ɓace ba. Kalmar ɗari da ke cikin ajamin takardun Naira 200 da Naira 500 da shi ta fara, ko da yake an cire ajami daga ƙananan takardun kuɗi a 2007, da kuma takardar Naira 100 ta 2014. Har ila yau, harafin nan mai ɗigo uku ya sami gurbi a tsarin haruffan kwamfuta na duniya, inda aka danganta shi da tsohon rubutun Hausa.

3.7 Kammalawa

Daga bayanan da suka gabata an ga cewa ɗa mai hannu ya taso daga Finiƙiya, ya ratso ta Larabci, ya iso makarantun da ke kewaye da Gobarau, inda harshen Hausa ya ɗora masa ɗ da ts, baya ga aikinsa na lamba da na alama. Dangane da haka, wannan nazari yana ba da shawara ga mai juya rubutun ajami da ke ajiye a gidajen malamai na Katsina, ko a Gidan Arewa da Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna, ya kiyaye abubuwa uku. Da farko ya nemi kalmomin da ba su da shakka, kamar ɗaya da tsoro da duniya, ya ga yadda marubucin ya rubuta su, kafin ya yanke hukunci a kan masu rikitarwa. Na biyu, ya kula da karin harshen marubucin, kada ya mayar da hutsuba huɗuba ko Tsalha Ɗalha da sunan gyara, domin yin haka yana shafe shaidar da za ta taimaka wajen gane inda rubutun ya fito. Na uku, ya bar ramzi da haruffansa na asali a gefen bokon. Masu iya karanta tsohon ajami a bakin malamansu suna raguwa, kuma duk kuskuren da ya shiga bugu na boko, shi ne na baya za su gada a matsayin maganar mawallafi. A babi na gaba za a dubi yadda ajami ya bi da wasulan e da o.